Randar Inna

Talata, 22 Afrilu 2025

Kwana goma da rasuwar Inna. Yau na koma wurin matan asusu, don zaman ɗaki ya ishe ni. Mu ashirin da biyu ne, muna haɗuwa duk Talata a inuwar bedin ƙofar gidan mai unguwa. Shekara uku ke nan da wani furoje, wato shirin tallafi, ya kai ni Damagaram aka koya mana sha'anin tattali, na dawo ina koya wa mata: ki raba jari da riba, kada ki ci daga uwar kuɗi, ki ware na rashin lafiya. Akwatin asusu mai kwaɗo uku a ɗakina yake kwana, makullan suna hannun mata uku.

Darasin yau kuwa, kamar da gangan, a kan wurin ajiya ya faɗo. Na ce kada a binne kuɗi, kada a cusa a katifa, kuma lalle mutum ɗaya amintacce ya san inda suke. Ban rufe baki ba Najaha mai tattasai, wadda bakinta ba shi da linzami, ta ce, "To Malama Zuhra, ita Inna Kande wa ta gaya wa?"

Duk suka juyo suna kallona. Duk Matameye an san Kande mai ƙuli ta fi shekara talatin tana tara kuɗin Makka, kuma ta tafi ba wanda ya san inda ta ajiye. Na ce mu ci gaba da zubi.

Alhamis, 24 Afrilu

Na cika randar ɗakinta da safe kamar kullum. Sai da na sauke bokiti na tuna babu mai sha.

Lahadi, 27 Afrilu

Hamisu ya zo daga Ɗan Barto a kan babur. Ƙanena ne, mu biyu kaɗai Inna ta bari. Ya ƙi zama a tabarma, ya tsaya bakin zaure yana juya hula a hannu. Yana so a fito da kuɗin, a ba wani malami da zai tafi bana ya yi wa Inna aikin hajji, tunda Allah bai nufe ta da zuwa ba. Na ce ban san inda suke ba.

"Yaya, ke ce a gida. Ke kika yi jinya wata huɗu. A ce ba ta gaya miki ba?"

Ba ta gaya mini ba. Shi ya fi kowa sanin dalili. Ni ce 'yar fari, kuma tunda na zo duniya Inna ba ta taɓa kiran sunana ba. "Ke", ko "waccan", ko ta dubi Hamisu ta ce "gaya wa yayarka", ina zaune kusa da ita. Da mijina Illa ya rasu na dawo gida da 'yata, shekara tara muna cin tuwo tukunya ɗaya, ba mu taɓa hirar da ta wuce ta gishiri da itace ba. Matar da ke jin kunyar kama sunana ita za ta zaunar da ni ta buɗe mini sirrinta? Ban taɓa ganin laifinta ba. Haka muka taso, ni ma haka nake da tawa 'yar farin.

Da zai tafi ya dubi keken ɗinkin da na saya wa yarinyar bara. Kallo ɗaya ya yi masa. Na gane.

Laraba, 30 Afrilu

Kwana uku ina bincike. Na farke katifarta, na zazzage adaka, na sauke kwanonin jere ɗaya bayan ɗaya. Na shiga rumbu da fitila, na tona gindin murhu, na caka sanda a rufin ɗaki har ƙasa ta zubo mini a ido. Tsakar gida ta zama kamar gonar da aka cire gyaɗa. Abin da na samu: carbi biyu, tsohon katin rigakafina, da haƙorin Hamisu na yarinta a ƙulle cikin tsumma.

Randa kawai ban taɓa ba. Ba na iya kusantarta sai don zuba ruwa. A daren... a'a, da hantsi ne ma, ranar da za ta cika, baki ya riga ya yi nauyi. Ta dube ni ta ce "ke", ta ɗaga hannu wajen randa. Na ɗebo a moɗa na ba ta. Ta kurɓa, ta sake ɗaga hannu. Na sake ɗebowa. A na uku ta ture moɗar, ruwa ya jiƙa mata zane, ta juya fuska bango. Ba ta ƙara magana ba. Abin da ke cina ke nan, na kasa kashe wa uwata ƙishirwa a ranarta ta ƙarshe.

Asabar, 3 Mayu

Da azahar, gida ba kowa, zafi ya kori har kaji. Na ji motsi a ɗakin Inna. Ƙas-ƙas, ƙas-ƙas, a hankali, kamar mai lissafa takardun kuɗi da busasshen yatsa. Na leƙa, babu komai sai gado da randa. Na yi a'uziyya na fito da baya.

Ban gaya wa kowa ba. Wa zan gaya wa?

Talata, 6 Mayu

Zubi ya ragu. Mata huɗu sun ce kasuwa ba ta yi ba. Wataƙila gaskiya ne. Amma na ga yadda aka duba kwaɗunan akwati ɗaya bayan ɗaya kafin a buɗe, abin da ba a taɓa yi ba. Matar Hamisu tana da 'yar'uwa a cikinmu, magana ba ta buƙatar mota daga Ɗan Barto.

Na koyar da yadda ake ware kuɗin iri kafin damina. Muryata ta fita daidai, ban yi gargada ba. Ni kaina na yi mamakin iya fuskata.

Juma'a, 9 Mayu

Ranar kasuwa. Na bi ta layin 'yan canji don in gaida Alhaji Ma'u, wanda ya aiko da ta'aziyya ban samu zuwa godiya ba. Tsoho ne yanzu, yana nan kan bencinsa da damin naira a dama, sefa a hagu. Ya yi wa Inna addu'a, sannan ya ce ya yi rashin babbar abokiyar ciniki.

Na ce wane ciniki?

Ashe duk ranar kasuwa, in ta sayar da mai da ƙuli, ribar sefa ba ta kwana a hannunta. Wurinsa take kawowa ya mayar mata naira. Jikka ɗaya, wato sefa dubu, ko jikka biyu, wani satin uku. Tun yana kan bencin babansa.

"Na sha gaya mata, 'yata. Na ce Kande, zamani ya juya, naira narkewa take kamar ƙanƙara a hannu, bar abinki a sefa. Sai ta ce ita ta ga lokacin da naira ɗaya ke cika kwando a kasuwar nan, sefa kuwa ko kallo ba a yi mata. Ta ce kuɗin alhazai naira ne, don duk wanda ta sani ya je Makka ta Kano ya tashi."

Ya ce farkon zuwanta jikka ɗaya ba ta kai naira ɗari biyu ba, yau ta haura dubu biyu da rabi. Ya ɗan yi lissafi da baki, ya girgiza kai. Da sefa ta bari, in ji shi, da tuni ana ce mata Hajiya. Yanzu ko an samu kuɗin cif, da ƙyar su kai kashi ɗaya cikin biyar na abin da ta zuba.

Ya ƙara da cewa shekara biyu ke nan bai gan ta ba, tun da gwiwa ta zaunar da ita.

Na dawo a ƙasa, ban ma hau babur ba. Wannan darasin na yi shi a gindin bedi ya fi sau goma: wanda ke bakin iyaka ya duba wane kuɗi ke riƙe darajarsa kafin ya ajiye. Na gaya wa matan mutane ashirin da ɗaya. Tawa uwar tana ɗakin da ke kallon nawa, ban taɓa buɗe baki ba, don 'yar fari ba ta koya wa uwarta.

Litinin, 12 Mayu

Motsin ya dawo. Azahar dai. Na tsaya bakin ƙofa na ce, "Inna, in ke ce, ki yi haƙuri." Sai na ji kunyar kaina, mace mai shekara arba'in da huɗu tana magana da ɗaki.

Asabar, 17 Mayu

Maniyyata sun tashi zuwa Damagaram, daga can sai jirgi. Motoci uku, ana ta ɗaga hannu a tasha. Malamin da Hamisu ya yi wa magana yana cikinsu, ya tafi da niyyar yi wa wata tsohuwa daga Dawce aikin hajji. Na Inna ya wuce bana.

Yarinyar ta tarar da ni a madafa ina kuka, na ce hayaƙi ne. Wutar ma ban hura ba. Shekararta ashirin, tana da hankali, ta ɗauki tsintsiya ta fita. Wani lokaci shirunta yana ba ni tsoro, irin nawa ne sak.

Ɗan abin da nake tara mata na aure yana inda yake. Ba wanda ya sani, ko a kayen nan, littafin rubutuna, ba zan rubuta ba.

Alhamis, 22 Mayu

Sadakar arba'in. Na yi waina da fura, malamai sun yi addu'a. Hamisu ya zo, ya gaida kowa, ya raba goro. Kwanon da na aika masa ya dawo a rufe yadda ya tafi. Wannan yaron ni na goya shi har bayana ya yi kanta, ni na riƙa tauna masa ƙuli kafin haƙoransa su fito. Yau yana tsoron cin abincina, ko yana ƙyamarsa, ban san wanne ya fi ciwo ba.

Da baƙi suka watse ya ce, ba tare da ya dube ni ba, "Ni ba gado nake nema ba, Yaya. Amma haƙƙin mamaci ba ya kwana."

Na ce Allah ya sani. Ya ce lalle Allah ya sani.

Talata, 27 Mayu

An ɗauke akwati. Da ladabi aka yi, wai ɗakina ginin ƙasa ne ga damina tafe, gara a kai gidan Mariama mai rufin kwano. Kowa ta ce haka ne. Ni ma na ce haka ne. Najaha kaɗai ta yi tsaki ta ce shekara uku ruwa bai ci shi ba sai bana.

Na dawo na ga shatar akwatin a ƙasa, gefen gadona, wurin ya fi sauran ɗakin haske. Ba ni da gona, ba ni da miji, sunan nan kaɗai nake da shi a garin nan, cewa Zuhra ba ta cin na mutane.

Asabar, 7 Yuni

Babbar Sallah. Hamisu ya aiko da cinya ta hannun maƙwabci. Shi bai zo ba.

Laraba, 11 Yuni

Ruwan farko, mai ƙarfi, tun la'asar. Ƙanshin ƙasa ya shigo har ɗaki. Inna takan fito da tasa ta tari na farko ta wanke fuska.

Alhamis, 12 Yuni

Da safe na shiga da bokiti zan cika randa, sai na ga gara ta yi gini. Siririn layin jar ƙasa ya fito daga cikin yashin da randar ke zaune a kai, ya hau cikinta har wuya. Na durƙusa zan kankare. Kunnena na kusa da ƙasa sai na ji shi. Ƙas-ƙas, ƙas-ƙas. Daga ƙarƙashi yake fitowa.

Na zauna daɓas a wurin.

Duk ranar kasuwa da yamma Inna takan rufe ƙofa ta ce za ta wanke randa. Ba ta taɓa yarda wani ya taya ta ba, ko ni ko Hamisu, har duka na sha a kan haka ina yarinya. Da gwiwa ta kama ta aka daina wankin, ta ce a riƙa ɗauraye ta a inda take, kada a motsa. Wane ɓarawo zai ɗaga randa cike da ruwa? Shekara biyu ba ta iya ɗagawa da kanta, kuma ba ta iya cewa "ke, zo ki ɗaga mini". Ni kuwa kullum safiya ina zuba ruwa har ya tumbatsa ya jiƙa yashin.

Ba ƙishirwa take ji ba. Sau uku ta nuna mini.

Hannuna ya kai ga randar, na janye. In na tona ni kaɗai, ko me na samu za a ce saura ne. Na ja ƙofa na sa kwaɗo, na kai makullin gidan mai unguwa, na buga wa Hamisu waya na ce gobe ya zo da fartanya.

Juma'a, 13 Yuni

Mu huɗu: ni, Hamisu, mai unguwa, da Alhaji Ma'u da na roƙa ya bar bencinsa na awa ɗaya. Muka kwashe ruwan, Hamisu ya rungumi randar ya kawar. Yashi taƙi ɗaya, sai tasa a kife, ƙarƙashinta bakin tukunyar ƙasa babba.

Da ya ɗaga tasar gara ta watse, fara fat, ta hau masa hannu. Ya zura hannu ya damƙo. Abin da ya fito ba kuɗi ba ne, ba ƙasa ba ce, wani dunƙule ne mai huda-huda kamar saƙar zuma, da ɗan kore da ɗan shuɗi a jiki. Ya matsa, ya marmashe. Ya sake zurawa har gwiwar hannu. Haka. Zaren da ta ɗaure kowane dami da shi yana nan, na roba ne, gara ba ta ci ba. Zobba-zobba, ba komai a tsakiya. Na fara ƙirga su na bari.

A sama-sama akwai dami biyu da ta sa a leda, na ƙarshen da ta ajiye. Su kaɗai suka tsira. Alhaji Ma'u ya duba, ya ware waɗanda aka daina karɓa, ya ce sauran a sefa jikka goma sha ɗaya ne. Shekara talatin a bakin kaskon suya.

A can ƙasan tukunyar akwai farin mayafi sabo cikin ledarsa, da silifa fari. Kayan tafiya.

Hamisu ya daɗe a tsugune, hannunsa duk jar ƙasa. Sannan ya rufe fuska da hannun a haka. Ya ce, "Yaya, ki yafe mini." Na ce ba komai. Da komai, amma ba yau ba. Na ɗebo ruwa na zuba masa ya wanke, ya ci tuwon da na ajiye, ya cinye tas.

An wanke ni. Ina jira in ji daɗi, bai zo ba.

Asabar, 14 Yuni

Mun shawarta da Hamisu. Randar za ta koma ƙofar gida a gindin bango, da moɗa, don masu wucewa ranar kasuwa. Jikka goma sha ɗayan a riƙa biyan mai kawo ruwa har su ƙare, daga nan mu ci gaba daga aljihunmu. Ladan ya je mata. Hajji kuwa, ya ce zai fara ajiya a kes, ƙaramin bankin gari, da sunanta, a sefa. Da ya ce "a sefa" sai muka dubi juna, muka kawar da kai.

Talata, 17 Yuni

Ban ɗauki allon darasi ba. Na ƙulle dunƙule ɗaya a ɗankwali na kai gindin bedi, na kwance a tsakiyar tabarma. Na ce wannan kujerar Makka ce ta Kande mai ƙuli, kowa ta taɓa. Ya zagaya hannu zuwa hannu, yana raguwa. Na gaya musu na naira, na gaya musu na randa, na gaya musu na ruwan da na ba ta sau uku. Wannan na ƙarshen ban yi niyyar faɗa ba.

Najaha ce ta fara magana. A hankali, abin da ban san ta iya ba, ta ce nata yana cikin bangon bayan gida tun haihuwar autanta. Wata ta ce nata a buhun dusa. Wata tsohuwa ta tashi ba sallama ta nufi gida da sauri, muka bi ta da kallo.

Mariama ta ce gobe za a mayar da akwati ɗakina. Na ce a bar shi inda yake, rufin kwano ya fi. Da gaske nake, ko da yake da ɗan fushi a ciki.

Da za mu tashi Najaha ta kama mini gefen mayafi. "Malama, ke fa? Wa kika gaya wa?"

Na ce ta sake ni, rana ta yi.

Lahadi, 22 Yuni

Ba wani abu ba ne. Damina ce, adaka tana jin sanyi, dama ya kamata a shanya kaya.

Na fito da babbar rigar marigayi Illa daga ƙasan adaka, na farke aljihun da na ɗinke shekara shida. Suna nan lafiya. Kusan rabinsu naira ne, ban san yaushe na fara ba, hannuna ne kawai ya riƙa yin abin da ya ga ana yi. Ni mai koyarwa.

Yarinyar tana tsakar gida a kan keke, ta ba ni baya. Na ce "ke", ƙarar keken ta danne. Na sake cewa "ke". Sai na ga hannuna a ɗage yana nuna adaka, ita kuma ba ta gani.

Na kira sunanta. Ya fito kamar na ari bakin wata. Keken ya tsaya. Ba ta juyo nan da nan ba, ina jin ta ɗauka baƙuwa ce a zaure. Da ta juyo ta ga ni ce, ta taso tana goge hannu a zane, idonta ya cika, nawa ina kallon ƙasa. Na ce ta zauna. Na nuna mata, na gaya mata na mene ne. Gobe za mu biya wurin Alhaji Ma'u, daga nan kes, a rubuta sunanmu mu biyu.

Ta ce, "To, Umma." Shi ke nan abin da ta ce.

Da azahar na tsaya bakin ɗakin Inna na kasa kunne, don sabo. Ban ji komai ba sai wani mai wucewa yana buga moɗa a randa a waje, da keken Ilham.